Cokalin da Ba a Zana Ba

Mai Sanyi bai taɓa yarda da kowa ba a harkar aiki, kuma yana alfahari da hakan yadda wasu ke alfahari da yawan 'ya'ya. Garejinsa na can ƙarshen layin masu walda, inda ake kawo motocin sanyi, irin masu akwati a baya ɗin nan da ke yawo da kifi da madara da kaji daskararru daga shago zuwa shago. Direba zai shigo yana zufa yana rantse-rantse cewa injin sanyin da kansa ya mutu, babu wanda ya taɓa shi. Mai Sanyi ya kara kunne a jikin akwatin ya ɗan saurara, ya kira direban maƙaryaci, sannan ya gyara.

Halin nan a wurin ubangidansa ya gaje shi. Tsohon da ya koya masa aiki yakan ce kowane aiki mutum ya yi, ya bar abu guda a cikinsa kada ya nuna wa kowa. Kuma ya cika maganarsa, don ya mutu da wata dabarar gyaran kwamfureso, zuciyar injin sanyi, wadda har yau babu wanda ya santa, injuna da yawa suka bi shi lahira. Mai Sanyi yana ba da wannan labari a matsayin yabo.

Ciwon motar sanyi kuwa ƙofa ce. Duk inda aka tsaya sauke kaya, direba zai wangale ƙofar akwatin ya tafi cacar baki da mai shago, iskar waje mai zafi da laima ta yi ta kwarara ciki. Fankar injin ta zuƙe ta, ta kai ta kan bututan sanyi, laimar ta daskare a kansu. A tsaya nan, a tsaya can, kafin rana ta take ƙanƙara ta toshe bakin injin, yana ta gurnani a banza, kifi na gumi a baya.

Maganin da Mai Sanyi ya ƙirƙiro ba wani babban abu ba ne a ido. Murfi ne siriri a bakin injin, an haɗa shi da ƙofa da kebur irin na birkin keke. Ka buɗe ƙofa, murfin ya rufe, fanka ta tsaya. Ka rufe ƙofa, ya buɗe. Duk mai ido zai gani ya gane, Dogo ma ya gani ya gane.

Dogo mai walda ne, garejinsa na kallon na Mai Sanyi, kuma tare suka yi koyon aiki a hannun tsohon nan. Tun da yake bai taɓa ƙirƙiro ko ƙusa ba, amma ka nuna masa abu yau, gobe ka gan shi a ƙofar garejinsa da sabon fenti. Ya ƙera murfin tsaf, ya saka wa wata motar kaji. Da safe abu ya yi aiki kamar gaske. Da rana hinjin murfin, wato mahaɗin da yake juyawa a kansa, ya daskare, murfin ya maƙale a rufe, sanyi ya zauna a cikin inji ya ƙi fitowa. Da yamma aka ga direban yana bin Dogo da sifana a layin masu walda. Na Mai Sanyi kuwa bai taɓa maƙalewa ba.

Sirrin cokali ne. Cokalin shayi na alminiyom, mai arahar nan da ke lanƙwashewa da an matsa masa. Akwai wani bututu mai ɗumi da ke wucewa kusa da hinjin murfin. Mai Sanyi yakan bubbuge kan cokalin har ya rungume bututun, ya lanƙwasa hannunsa ya jingina da hinjin. Ɗumi ya biyo cokali, hinji ba ya daskarewa. Daga nan sai ya lafta wa wurin baƙin gam mai kauri, ya zama wani mummunan dunƙule da babu mai sha'awar taɓawa. Dogo ya taɓa leƙa ɗaya daga cikin motocin, ya ga dunƙulen, ya yi ta yaɗawa a layi cewa aikin Mai Sanyi babu tsafta. Ranar Mai Sanyi ya kwana da farin ciki. Wannan ɓangare shi kaɗai yake yi, a ɗakin ciki, ƙofa a kulle, ma'aikatansa suna waje suna zaton addu'a yake tofa wa injin.

Cokulan kuma daga gida yake kwasowa. Ba rowa ba ce, a cewarsa tsaro ne: in aka ga mai gyaran injin sanyi yana sayen cokula a kasuwa, kafin ya dawo magana ta kai kunnen Dogo. Saboda haka matarsa ta shiga yaƙin da ba ta san da wa take yi ba. Ta zargi ɓeraye. Ta zargi maƙwabciyar da ke aron wuƙa. A ƙarshe zargin ya tsaya a kan ƙanwarta, wadda ta yi rashin sa'ar kawo ziyara ranar da motoci suka yi yawa a gareji, suka yi baram-baram, gaisuwa ta yanke.

"Duniya ta lalace," in ji Mai Sanyi, yana girgiza kai cikin alhini. "In za ki sayo wasu, irin waɗancan dai. Na ƙarfen nan suna kashe min haƙori."

Suna da 'ya, autarsu, kuma Auta kowa ke kiranta har ta girma ta zama injiniya a wani kamfanin da ke haɗa akwatunan sanyi. A garejin nan ta yi rarrafe, a nan ta fara sanin sunan sifana kafin ta san na kayan miya. Idan Mai Sanyi yana da wani abu da yake so fiye da sirrinsa, ita ce, sai dai bai taɓa samun dalilin auna su biyun ba. Ita ce ta zo masa da maganar rajista. Ta ce kamfaninsu na son ƙera murfin da yawa, a sa shi a kowane akwati da suke fitarwa, amma sai an yi wa ƙirar rajista da sunansa don kada wani ya rigaye shi. Ta ja shi har ofishin lauya.

Lauyan ya gyara zama ya ce, "Baba, abin a taƙaice ciniki ne tsakaninka da hukuma. Kai ka bayyana mata ƙirarka dalla-dalla, da zane da bayani, yadda duk mai sana'ar da ya karanta zai ƙera ta ta yi aiki. Ita kuma ta ba ka takarda, shekaru masu yawa babu mai ƙera ta sai da izininka."

"Tsaya tukuna. Wa zai karanta?"

"Kowa. Wallafawa ake yi."

"Har Dogo?"

"Waye Dogo?"

"Har shi, Baba," in ji Auta.

Mai Sanyi ya dubi lauyan da tausayi. "Wato in zana wa ɓarawo hanyar ɗakina, in kai masa har gida, sannan in gode."

"Zai karanta, amma ba zai taɓa ba. Ya taɓa, sai kotu."

"Dogo bai san kotu ba. Kotu ma ba ta san Dogo ba."

Lauyan ya yi dariya, sannan ya ɗaga yatsa. "Sa'arku ɗaya, abin bai daɗe a kan titi ba, da kun makara. Amma ka ji wannan da kyau. Duk abin da ke sa ƙirar ta yi aiki, a sa shi a zane yanzu. Abin da ka bari a waje, ba za ka dawo daga baya ka ce a ƙara ba. Sai dai ka riƙe shi a cikinka, kuma ranar da ido ya gan shi ya zama na kowa. Ita kanta takardar, in aka bi zanenta abin bai yi aiki ba, ta zama ado."

A duk wannan dogon bayani, kalmomi kaɗan ne suka shiga kunnen Mai Sanyi: ka riƙe shi a cikinka. Ya fita yana cewa ashe lauyan yana da hankali.

Ranar da Auta ta zo aunawa, ta tarar ya haɗa mata murfi sabo fil a kan inji, ya goge shi yana sheƙi. Ta baje kayan awonta a kan benci, ta buɗe kwamfuta, ta yi ta aunawa tana shigarwa, shi kuma yana tsaye a kanta yana gyara mata riƙon abin da ta fi shi iya riƙewa.

"Baba, wannan ba shi da baƙin gam ɗin nan da nake gani a motoci."

"Gam na hana ruwa ne kawai. Ƙazanta ce, kada ki ɓata zanenki da ita."

Ta gama, ta ɗago ta dube shi. "Shi ke nan, Baba? Babu wani abu?"

"Shi ke nan."

Bai rantse ba, ya kula da wannan sosai. Kuma a lissafinsa ba ƙarya ya yi ba, don kayan inji ta tambaya, cokali kuwa kayan kicin ne. Ya gaya wa kansa cewa ba ita ce bai yarda da ita ba. Kamfanin ne bai yarda da shi ba, da kwamfutarta, da hukuma, da mai share ofishin hukuma. Shirinsa mai sauƙi ne: kamfani ya ƙera murafensa, in an zo ƙarshe a ba shi ɗan ɗaki mai makulli a wani lungu, a riƙa turo masa su yana ƙarasawa. A tunanin Mai Sanyi, kamfani gareji ne da ya yi ƙiba.

Takarda ta ɗauki lokacinta kamar yadda takardun hukuma suka saba, amma ta fito. Ga sunansa ɓaro-ɓaro, ga tambari. Ya sa aka yi mata gilashi ya rataye ta inda duk wanda ya tsaya a ƙofar garejin Dogo zai hango ta. Kamfani ya karɓi zane ya shiga aiki, kuma a ƙasan kowane shafi da ma'aikata ke bi, sa hannun Auta ne. Babu wanda ya zo neman Mai Sanyi ya ƙarasa komai. Ya yi ta shirin yi wa Auta maganar ɗakin nan mai makulli, kullum sai ya ga gobe ta fi dacewa.

Sun gwada murfi na farko a harabar kamfani, akwati babu kaya, aka buɗe ƙofa aka rufe a gaban manya, murfi ya yi rawarsa, aka tafa. Manajan kamfanin ya ji daɗi har ya sa aka cika motar da kifin wani babban abokin cinikinsu, aka tura ta rabon kaya na yini guda don a burge shi.

Da yamma wayar Mai Sanyi ta yi ƙara. Muryar Auta ce.

"Baba, ka zo kamfani. Don Allah yanzu."

Bai tambayi me ya faru ba, ya sani. Ya biya ta gida wai zai canza riga, ya ratsa ta kicin. Daga baya ya ce bai san lokacin da cokalin ya shiga aljihunsa ba. Kada a yarda.

Tun daga bakin get wari ya tarbe shi. Motar na tsakiyar haraba, ruwa na ɗiga daga ƙasan ƙofarta, kuliyoyin unguwa sun yi layi a kan katanga cikin ladabi suna jiran a gama taro. Ma'aikata sun kewaye ta, injiniyoyi na gefe da takardu a hannu, manajan ya toshe hanci da hankici. Dogo ma yana nan. Yakan kawo wa kamfanin ƙarafan ƙofa, amma ko da ba ya kawowa, Dogo yana jin ƙanshin abin kunya daga nesa. Auta na tsaye kusa da motar rungume da zanenta, fuskarta ta faɗa.

"Dattijo, sannu da zuwa," in ji manajan ta cikin hankici. "Naka murfin na aiki, na gani da idona a motocin gari. Namu mun ƙera shi daidai da zane, ba mu ƙara ba, ba mu rage ba. Ga shi ya daskare a rufe, ga kifin mutane. Me ka gani?"

Mai Sanyi ya zagaya motar sau da yawa fiye da buƙata. Ya kara kunne a jikinta, ko da yake injin a kashe yake.

"A ba ni ita," in ji shi. "A shigar da ita wani ɗaki a rufe, in duba ta ni kaɗai."

"Nan kamfani ne, dattijo. Abin da sai an kulle ƙofa ake yinsa, ba ma iya ƙera shi da yawa. In akwai gyara, a yi shi nan a gaban injiniyoyina su gani. In babu, to zanen ne ba daidai ba, kuma na san wadda ta sa hannu."

Mai Sanyi ya buɗe baki zai ɗora laifin a kan direba, don direba bai taɓa ba shi kunya ba a irin wannan rana, amma Auta ta riga shi.

"Yallaɓai, ƙirar babana ba ta da matsala," in ji ta. Ba ta sunkuyar da kai ba. "Kowa ya san tana aiki. Ni na auna, ni na zana. Wataƙila a wurin hinji na yi kuskure, na duba na sake dubawa ban gano ba. Laifin nawa ne, kada a taɓa sunansa."

"To kin sauƙaƙa mana," in ji manajan. "Ki bar katinki a ofis."

Ta sa hannu a wuya ta fara cire igiyar katin aikinta.

Zai yi daɗi a ce Mai Sanyi ya yi tsalle nan take. Bai yi ba. Ya tsaya ya auna, kuma awon ya ɗauki lokacin da bai kamata ya ɗauki uba ba. Ya dubi Dogo, wanda ya miƙa wuya har kamar zai tsinke. Ya tuna maganar lauya, wadda ashe duk ta shiga kunnensa, ɓoye ta kawai ya yi: ranar da ido ya gan shi ya zama na kowa. Ya tuna tsohon ubangidansa, wanda da shi ne a nan da ya naɗe hannu ya kalli sama har a gama. Sannan ya dubi 'yarsa, wadda ke shirin barin aikin da ta sha wahala ta samu, tana kare shi da bakinta, ta yarda ita ce ba ta iya awo ba don ba ta ko kawo a ranta cewa ubanta zai ba ta rabin abu ya ce duka ne. Kunya ta kama shi, irin wadda bai taɓa ji ba tun da ya fara sana'a.

"Mayar da katinki," in ji shi, sannan ya juya ga wani ma'aikaci. "Kai, ba ni guduma."

Ya hau akwatin, ya taka ruwan kifi har idon sawu, ya isa gaban injin. Mutane suka cunkushe a ƙofa duk da warin. Ya fasa ƙanƙarar da ta riƙe hinjin, sannan ya sa hannu a aljihu ya fito da cokali ya ɗaga shi sama.

Wani ma'aikaci ya ce, "Kifin zai ɗanɗana?" Aka fashe da dariya.

Mai Sanyi bai kula ba. Ya ɗora kan cokalin a bakin ƙarfe ya bubbuge shi, ya manna shi a bututun nan mai ɗumi, ya lanƙwasa hannun ya jingina da hinji, ya ɗaure da waya. A ɗakin ciki yakan yi aikin nan a hankali, da jin kai, kamar mai wani babban al'amari. Yau da ya yi shi a gaban mutane sai ya ga ƙanƙantarsa, kafin mutum ya sha ruwa an gama.

"Zanenta daidai ne," ya faɗa da ƙarfi, don na bayan ma su ji. "Abin da na ba ta shi ta zana, ko gashi ba ta kuskure ba. Wannan ne ban ba ta ba. Ɗumin bututu yake kai wa hinji. A ta da inji."

Aka sauke kifi, kuliyoyi suka samu rabonsu. Aka ta da inji, aka sa direba ya yi ta buɗe ƙofa yana barinta a wangale yana rufewa, abin da dama ya fi ƙwarewa a kai. Ƙanƙara ta taru a ko'ina, amma hinji ya ƙi daskarewa, murfi na ta buɗewa da rufewa. Injiniyoyi suka yi ta leƙe suna ɗaukar hoto. Manajan ya cire hankici daga hanci ya yi dariya har da hawaye, ya ce wa Auta ta yi haƙuri, ta dawo aiki da safe. Mai Sanyi ya waiga neman Dogo, ya tarar babu shi. An ce an gan shi yana sauri ya nufi kasuwa.

A duk harabar, mutum ɗaya ce ba ta yi dariya ba. Auta ta mayar da katinta a wuya, ta naɗe zanenta, ta wuce ofis ba tare da ta dubi inda ubanta yake ba.

Sauran ya tafi yadda lauya ya faɗa. Abin da aka rubuta a takarda ba ya aiki, abin da ke aiki ba a rubuta shi ba, duk wanda ya kai takardar kotu zai yaga ta. Kamfani ya yi godiya mai yawa, irin godiyar da ba a zuwa da ita kasuwa. Dogo ya kafa allo a ƙofar garejinsa cewa ana saka murfi mai cokali, kuma nasa na aiki lafiya lau. Cokalin alminiyom ya yi wuya a gari. Takardar na nan a bango cikin gilashinta, ta zama adon da aka yi mata alkawari.

Matarsa a bakin maƙwabciyar nan mai aron wuƙa ta ji labari, abin da ya ƙara wa abin zafi. Ya dawo gida ya tarar da ita zaune a tsakar ɗaki, ta ajiye kwandon cokula a gabanta, babu komai a ciki.

"Ƙanwata," in ji ta. "Uwa ɗaya uba ɗaya. A gabanka na kira ta ɓarauniya, kana zaune kana cewa duniya ta lalace."

"Ai ta lalace ɗin."

"Gobe za ka sa rigarka mai kyau, ka je gidanta ka yi mata bayani da bakinka. Har da haƙoran da na ƙarfe ke kashewa."

Ya je. Tun daga ranar kuma shayinsa ba ya zuwa da cokali. Da bakin sukudireba yake juyawa.

Duk wannan zai iya ɗauka. Abin da ya hana shi sakewa shi ne Auta. Tana zuwa gida ta gaishe shi yadda ya kamata, ta durƙusa, ta tambayi aiki, ta shige wurin uwarta. Gaisuwar ba ta da aibi ko kaɗan, shi ya sa take ci masa rai. Gareji kuwa ta daina leƙowa.

Sai wata ranar hutu da hantsi ya ɗago ya gan ta a ƙofa da jakar kayan awonta. Ta ce kamfani na son a gyara zanen, a yanka ƙarfen alminiyom na musamman a madadin cokalin, kuma tana buƙatar ta auna ɗaya daga cikin nasa na ainihi.

Da sauri ya buɗe mata ɗakin ciki, ɗakin da ko ita ba ta taɓa shiga ba. Ya jawo inji, ya kankare baƙin gam ɗin da hannunsa. Ya nuna mata inda ake bugun kan cokalin da inda ba a bugu, da yadda ake lanƙwasa hannun don kada ya karye, da cokulan da ya ɓata kafin ya gano. Ya yi ta zuba kamar an buɗe famfo, abin da ta tambaya da wanda ba ta tambaya ba. Ita dai tana aunawa tana shigarwa.

"Ba ke na ɓoye wa ba, Auta," ya faɗa a ƙarshe, yana goge hannun da babu komai a kansa. "Dogo ne."

"Ni na tambaye ka, Baba. Ba Dogo ba."

Ta ci gaba da aikinta har ta gama, sannan ta ɗago ta dube shi kamar wancan karon.

"Shi ke nan? Babu wani abu?"

"Shi ke nan. Wallahi shi ke nan."

Wannan karon ya rantse, kuma gaskiya ya faɗa. Babu abin da ya rage a cikinsa, karo na farko tun yana yaron gareji. Ya tsaya yana jiran ta rufe kwamfutar.

Auta ta gyaɗa kai. Ta ɗauki sukudireba a kan benci, wanda yake juya shayi da shi, ta goge shi a jikin tsumma, ta fara kwance murfin. Ta cire hinji, ta cire kebur, ta buɗe bayan injin, tana jera kowane noti a kan benci tana juya shi tana dubawa. Mai Sanyi ya ji abin har cikin ƙirjinsa. Ya so ya ce ai ya rantse, sai ya ga a wurin wa ta koyi wannan rashin yardar, ya haɗiye maganar.

"Nan ciki da duhu," in ji ta, ba ta ɗago ba. "Haska min, Baba."

Ya ɗauko tocila ya durƙusa kusa da ita, ya haska mata inda take dubawa.